Ina so in bi jaki da kamara tun daga Mai'adua har inda fatarsa ke ƙarewa, ta ina zan fara?

Ɗan Kusugu:

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da war haka. Don Allah masu sanin aikin jarida da harkar fim ku matso kusa, akwai abin da ya tsaya min a rai wata huɗu kenan na kasa haɗiye shi.

Ni dai sana'ata ɗaukar bidiyon biki da suna da walimar sauka a nan Daura, kamara ɗaya gare ni sai waya sai kwamfutar da nake editin da ita. Bayan ƙaramar sallah na je gaida gwaggona a wani ƙauye ta wajen Sandamu, mijinta ya daɗe da rasuwa, ita da jikokinta uku take zaune, ina shiga gidan na tarar da turken jakinta wayam, guntun igiyar na nan ɗaure an yanke ta da wuƙa, akumari da mangala an jingine su jikin rumbu har gara ta fara ci. Cikin dare aka zo aka tafi da shi. Wannan jakin shi ne ruwan gidan, jarka huɗu yake ɗaukowa a sawu ɗaya daga burtsatsen ƙauyen gaba, shi ke kai taki gona da bazara, shi ke kwaso damman gero da kara da kaka, ranar kasuwa ma haya take ba da shi ta samu na cefane. Yanzu babbar jikar, yarinya 'yar shekara 12, ita ta gaji aikin. Sawu uku take yi kafin hantsi da jarka a ka, kafin ta gama an tashi daga makarantar safe. Na ga yadda take dafe wuya da hannu in ta sauke jarkar, wallahi ban iya cin tuwon da aka kawo min ba.

Muka haɗa kuɗi ni da yayana muka ce bari mu maye mata gurbinsa, muka nufi kasuwar Mai'adua ranar Lahadi. Kuɗin da muka riƙe wanda a lissafinmu zai sayi auraki mai ƙarfi har a ba mu canji, ko ɗan jakin da bai isa ɗaukar kaya ba bai saya ba. Muna nan tsaye ana loda wa wata babbar mota jakuna, da tsoho da ƙarami da mai ciki da gurgu, babu mai buɗe baki ya duba haƙori, babu mai cewa a ja shi in ga tafiyarsa. Duk wanda ya taso a ƙauye ya san ba haka ake sayen jakin aiki ba. Nan jikina ya ba ni cewa waɗannan ba gona za su ba.

Da na dawo na shiga bincike a intanet. Ashe fatar ake nema. A Chana ana dafa fatar jaki a fitar da wani abu mai danƙo da suke kira ejiyao, maganin gargajiya ne a wajensu, suna cewa yana ƙara jini yana gyara fata, kuma cibiyar sana'ar tana lardin Shandon. Jakunansu da suka kai kusan miliyan 11 a farkon shekarun 1990 sun ragu zuwa ƙasa da miliyan 2, shi ne suka juyo kan na Afirka. Ƙungiyar Donkey Sanctuary ta Ingila ta ƙiyasta cewa ana yanka jakuna aƙalla miliyan 5.9 duk shekara saboda wannan kasuwa. Nijar ta hana fitar da jakuna tun 2016, bayan da gwamnatinsu ta ce an sayar da kusan 80,000 cikin watannin farko na shekarar alhali a duk 2015 guda 27,000 ne. Burkina Faso ma ta hana a shekarar. A Fabrairun 2024 kuma shugabannin Tarayyar Afirka sun amince a Adis Ababa da haramta yanka jaki don fata a duk nahiyar. Amma ga mota ana lodi a gabana.

Abin da nake so shi ne in yi fim ɗin bincike da Hausa, in bi jaki ɗaya tun daga turkensa har inda fatarsa ke ƙarewa, mutane su ga cewa matar da ke sayen wannan magani a kwali mai ƙyalli can wata duniya ba ta biya kuɗinsa duka ba, ragowar wuyan jikar gwaggona ne ke biya. To ta ina zan fara? In ɗauka da ɓoyayyar kamara ko in fito fili? Zan iya bin motar ni kaɗai har kudu inda ake kai su a yanka? Kuma wa ke ba da tallafin irin wannan aiki, don kuɗin bidiyon biki ba zai kai ni ko Lakwaja ba. Allah ya saka da alheri.

Tsohon Ɗan Rahoto:

Wa alaikumus salam. Ƙanena Allah ya mayar wa gwaggo da alheri, ya kuma yi maka jagora. Na yi shekaru ina aikin rahoto a Katsina kafin in ajiye, bari in faɗa maka abin da na so a ce an faɗa min tun ina kamar ka.

Ka ajiye kamarar nan tukuna, ka sayi littafi mai shafi 80 da biro. Fim ɗin bincike a takarda ake fara shi. Ka zauna ka jera hannuwan da jakin ke bi ɗaya bayan ɗaya, mai jaki, sai ɗan barandan da ke bi ƙauye ƙauye, sai dillali, sai mai lodi, sai direba, sai masu shingen hanya, sai mahautan da ke can kudu, sai wanda ke barbaɗa wa fatar gishiri ya shanya, sai mai sito, sai ejan ɗin da ke cike takardun tashar jirgin ruwa, sai kamfanin da sunansa ke jikin kwantena. A gaban kowane hannu ka bar fili na tambaya uku: nawa ya saya, nawa ya sayar, in dabbar ta mutu a hanya asarar wa. Ranar da ka cike filayen nan da bakin mutum biyu biyu waɗanda ba su san juna ba, to ranar ka samu fim. Kafin nan abin da ke hannunka tausayi ne kawai, kuma tausayi ba ya tsayawa a gaban lauya.

Dalilin da ya sa nake nanata wannan, na ga abin da ya faru a Zamfara a 2010 lokacin gubar dalma. Yara sama da 400 suka rasu a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da Abare da Bagega, saboda dutsen zinaren da ake kawowa cikin gida ana niƙawa ana dakawa yana ɗauke da dalma, ƙurar ta bi tsakar gida inda yara ke rarrafe. Likitocin ƙungiyar Na Gari Na Kowa ne suka fara ankarar da duniya. Kamarori sun zo kam, an ɗauki ƙananan kaburbura, an ɗauki iyaye mata suna kuka, amma a ganina kaɗan ne suka tsaya suka tambayi wa ke sayen zinaren, ta wace hanya yake fita, a wuyan wa yake ƙarewa. Mai kallo ya tashi da tunanin cewa jahilcin ƙauyawa ne ya kashe 'ya'yansu. Shekara biyar bayan nan, a 2015, sai ga irinsa a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja. In ka tsaya a kan wuyan yarinyar nan kaɗai, naka ma haka zai ƙare.

Batun Chana kuwa kar ka sa shi a gaba, ba sai ka je ba. Rabin labarin yana cikin takardun da ke nan gida. Ɗanyar fata tana cikin jerin kayan da Najeriya ta hana fitarwa, kuma kwastam da kansu sun sha kiran 'yan jarida su nuna buhunan fatar jaki da suka kama. To ka rubuta musu a ƙarƙashin dokar 'yancin samun bayanai ta 2011, wadda ta ba hukuma kwana 7 ta amsa, ka tambaya kamu nawa aka yi, a ina, ina kayan suka tafi, mutum nawa aka kai kotu. Ka kai takardar da hannunka a buga maka hatimi a kwafinka. In sun amsa ka samu, in sun yi shiru ka nuna kwafin mai hatimi a fim ka faɗi ranar da ka kai. Haka kuma ka nemi ƙudirin da tsohon ɗan majalisa Garba Datti Muhammad ya taɓa kai wa majalisar wakilai na hana yanka jaki da fitar da fatarsa, ka bi sawunsa ka ga inda ya kwana.

Ɓoyayyar kamara makami ne, ba a zaro shi sai an rasa kowace hanya, kuma kan manya ake saita shi ba kan talakawa ba. Binciken BBC Africa Eye na 2018 kan maganin tari mai kodin ya yi amfani da ita, kuma kwana ɗaya bayan fitowarsa gwamnatin tarayya ta hana sarrafa shi da shigo da shi, amma ka lura waɗanda aka ɗauka a ɓoye masu fitar da kayan ta bayan fage ne, kuma akwai editoci da lauyoyi a bayan aikin. Kai ba ka da ko ɗaya. Duk wanda za ka ambaci sunansa da laifi sai ka ba shi dama ya kare kansa a rubuce kafin ka saki fim, ka ajiye shaidar ka aika. Ka san da sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015, da shi aka sha kama 'yan jarida a ƙasar nan, an yi masa gyara a 2024 amma kamun bai tsaya ba. Kuma ka tuna da abokin aikin Anas Aremeyaw Anas, ɗan jaridar bincike Ahmed Hussein-Suale na Gana, wanda aka harbe a unguwar Madina ta Akara a Janairun 2019 bayan an nuna hotonsa a talabijin. Ba tsorata ka nake ba, amma bin mota har kudu kai kaɗai babu shi a lissafi. Ka nemi ɗan jaridar can wanda ya san yaren ya san gari, shi ya ɗauki ɓangarensa kai ka ɗauki naka.

Na Turke:

Salamu alaikum. Ni tun ɗazu nake karantawa raina na ɓaci, to bari in yi magana don da mu ake. Ni a harkar na tashi, mahaifina dillalin dabbobi ne ni ma ita nake yi, kuma duk Lahadi ina Mai'adua.

Malam Ɗan Kusugu Allah ya sani na tausaya ma gwaggonka, ɓarawo kuma Allah ya tona mashi asiri, amma yadda ka kawo labarin ka haɗa satar da motar da ka gani ana lodi kamar abu ɗaya ne, to nan fa ka fara zaluntarmu tun ba ka kunna kamara ba. Dabbar da ta shigo turke da rana tsaka akwai wanda ya kawo ta akwai dillalin da ya tsaya mata akwai shugabannin kasuwa, in ta fito ta sata dillalin ne zai biya har a kai shi gaban hukuma, shi ya sa ba mu karɓar dabba hannun wanda ba mu san mai tsaya mashi ba. Ɓarawo ba ya son inda ake tambaya.

Kuma wa ya ce maku ƙwace muke? Ka zo cikin watan takwas lokacin da rumbu ya ƙare gero bai nuna ba, ka ga magidanci ya jawo jakinshi da hannunshi yana tafe yana waiwaye, matarshi na asibiti ko ana binshi kuɗin takin zamani, mai sayen aiki ya taya kaɗan mai lodi ya taya sama da haka, kai in kai ne wa za ka ba? Ni zan ce mashi kar ka sayar saboda wasu shugabanni sun zauna a Adis Ababa? Ko kwabo ba su aiko mashi ba. Sannan ku riƙa faɗin gaskiya duka, babur da keke napep da amalanken shanu su ma sun ture jaki a wurare da yawa, saurayin yanzu ba ya son a gan shi bisa jaki, ba Chana kaɗai ba ce.

Mu abin da muke samu la'ada ce, wani lokacin ko kuɗin mota da abincin rana ba ta fiddawa. In kana neman inda kuɗin suke ka tambayi direba sau nawa yake tsayawa tsakanin nan da Ebonyi kuma me yake miƙawa duk tsayawa, ka tambaya wa ke aiko da kuɗi ta banki tun ranar Juma'a kafin kasuwa ta ci, mutumin da ko warin jaki bai taɓa ji ba. Lokacin da aka rufe boda daga watan takwas na 2019 har ƙarshen 2020, da kuma bayan juyin mulkin Nijar na 2023, ka ɗauka dabbobi sun daina tsallakowa? Hanyar ce ta ƙara tsawo ta ƙara tsada, masu ci suka ƙaru, talaka na can da na nan suka biya.

Abu ɗaya da ba zan kare ba shi ne yadda ake loda su. Ni kaina ba na iya tsayawa in kalla, a cusa su kamar buhu, kwana da kwanaki ba ruwa ba ci, wani ya faɗi a tattake shi, kuma mai kayan bai damu sosai ba tunda ko ya mutu fatar na nan. Wannan haƙƙi ne kuma Allah zai tambaya, ka nuna shi ni ma zan faɗa da bakina.

Dalilin da ya sa nake jin zafi, an taɓa yi mana. Wasu sun zo da tafinta suka ce labarin kasuwa suke yi, mahaifina ya ba su tabarma ya sa aka kawo masu fura, ya yi masu bayani kusan awa ɗaya, da abin ya fito sai ga fuskarshi daidai inda ake maganar satar jakuna, maganarshi duk an yanke an bar inda yake ƙirga kuɗi. Yara suka riƙa nuna mashi a waya. Dattijo mai shekara sama da sittin sai da ya yi wata biyu bai je kasuwa ba don kunya. Waɗanda suka ɗauka ko sun koma garinsu.

Maman Sadiya:

Sannunku da ƙoƙari. Ni ma'aikaciyar lafiyar dabbobi ce, ina so in ƙara abu biyu, ɗaya na aikina ɗaya na mata.

Mutane da yawa suna cewa to me zai hana a yi gonar jakuna kamar ta kaji a huta. Jaka tana ɗaukar ciki kusan wata 12, ɗa ɗaya take haifa, shi kuma sai ya shekara biyu zuwa uku kafin ya isa aiki ko haihuwa, kuma in ta wahala ko ta firgita cikin kan zube. Shi ya sa Chana da duk kuɗinta ba ta iya mayar da nata ba. To duk mai ciki ɗaya da ka gani a motar nan jaki biyu ne suka tafi, da duk waɗanda za ta haifa nan gaba. Ka sa wannan a fim ɗinka da bakin makiyayi ko likitan dabbobi, shi ne zai sa mai kallo ya gane cewa abin nan haƙa ne kamar haƙar ma'adini, ba kiwo ba. Ga kuma cuta, dabbobin da ake tarawa daga wurare daban daban a tsallaka da su ba tare da an duba ba su ke yaɗa ta, a 2019 murar dawaki da jakuna ta kashe jakuna masu yawa a Nijar da arewacin ƙasar nan. Masu fiɗa da hannu ba safa su ma suna cikin haɗarin cutar saifa, su ma talakawa ne, kar ka manta da su in abokin aikinka ya je mayankar jakuna ta Ezzamgbo da ke jihar Ebonyi.

Na biyun shi ne ya fi damuna. Ɗan'uwa yarinyar nan da ka ce, don girman Allah kar ka nuna fuskarta. Shekararta 12, nan da 'yan shekaru za a zo neman aurenta, bidiyo kuwa ba ya mutuwa, kar ta zama yarinyar nan mai jarka da kowa ke turawa a WhatsApp. Yardar gwaggo ba ta isa ba don gwaggo ba za ta iya ce maka a'a ba, kai ɗanta ne kuma kai ka je saya mata jaki. Ka ɗauki ƙafafunta a cikin rairayi, ka ɗauki gammon, ka ɗauki jarkar da ƙarar ruwan da ke kaɗawa a ciki, ka ɗauki allonta a jingine an tashi makaranta, ya isa wallahi. Kuma ka sani matan ƙauye ba za su buɗe maka ciki ba kana namiji da kamara, za su ce lafiya lau alhamdulillahi ka tafi. Ka samu mace ta shiga ta zauna da su a tsakar gida ana sussuka ko ana daka, ba ranar farko ba, sai ka ji abin da rashin jaki ya jawo, ciwon baya, ɓari, sana'ar ƙuli da ta tsaya don ba ruwa ba itace, rigima da miji kan kuɗin 'yan garuwa.

Sai kuma ka tambayi kanka wa kake yi wa fim ɗin. Da benen Rana Plaza ya rufta a Bangaladash ranar 24 ga Afrilun 2013 ya kashe mutum 1,134, yawancinsu mata masu ɗinka tufafin da ake sayarwa a Turai da Amurka, an yi finafinai da rahotanni ba iyaka. Haka koko, Kwaddibuwa da Gana ke noma kusan kashi 60 cikin 100 na duniya, manyan kamfanonin cakulan sun yi alkawarin kawar da mummunar bautar da yara tun 2001, amma binciken jami'ar Chikago na 2020 ya samu yara kusan miliyan 1.56 suna aikin a ƙasashen biyu. Yawancin waɗannan ayyuka an yi su ne don mai saye ya gani ya ji kunya, su kuwa masu wahalar ba da yarensu aka yi ba. Tunda ka ce da Hausa za ka yi, to ka cika shi, ka hayo majigi ka kafa farin ƙyalle a ƙofar gidan mai gari bayan isha'i, masu jakuna su fara gani kafin kowa, su ga nawa aka saya a hannunsu nawa fatar ta koma a can.

Editan Ƙofar Soro:

Nawa gajere ne. Sauti ya fi hoto muhimmanci a irin wannan aiki, kasuwa akwai iska da hayaniya, ka sayi ƙaramin makirfon maƙalawa a riga ka sa masa soso, ka riƙa saurare da abin kunne kana ɗauka. Duk abin da ka ɗauka ka kwafe shi wuri biyu a daren, ɗaya ba a gidanka ba, kuma kar ka goge na asali ko ka canza masa suna don kwanan wata da lokacin da ke jikinsa shaida ne. Yardar mutum ka ɗauke ta a bidiyo da bakinsa bayan ka faɗa masa inda za a nuna. Kar ka kuskura ka tashi duron, wato ƙaramin jirgin ɗaukar hoto mara matuƙi, kusa da Kongolam ko wani wuri a bakin boda, sai da izinin hukumar jiragen sama da ofishin mai ba da shawara kan tsaro, za ka rasa shi ka kuma kwana a wani wuri. Tallafi kuwa ka duba cibiyar Wole Soyinka ta binciken jarida da ke Legas, da cibiyoyin aikin jarida na ICIR da CJID a Abuja, da cibiyar Pulitzer ta Amurka, duk suna tallafa wa bincike lokaci lokaci, amma sai ka nuna musu ka riga ka fara, shafi biyu na bayani da minti uku na abin da ka ɗauka. In ka kai matakin editin ka zo Katsina mu zauna, ba zan karɓi ko sisi ba.

Ɗan Kusugu:

Na gode ƙwarai, Allah ya bar zumunci. Baba Tsohon Ɗan Rahoto na sayi littafin yau da safe, na jera hannuwa goma sha ɗaya, guda biyu kawai na iya cikewa. Hajiya Maman Sadiya maganarki ta shige ni, da niyyata da fuskar yarinyar zan buɗe fim ɗin har na tsara yadda zan ɗauke ta tana tahowa da rana a bayanta, na fasa. Akwai ƙanwar matata da ta karanta aikin jarida a kwalejin Hassan Usman da ke Katsina, na kira ta ta ce za ta je ta kwana biyu a wajen gwaggo.

Yaya Na Turke kai kuma ka yi haƙuri, gaskiyarka ce na haɗa abin da ban da shaidar haɗuwarsa, zafin abin da na gani ne. Allah ya huci zuciyar Baba mahaifinka. Abin da nake roƙo, in ka yarda, ka bar ni in zauna kusa da kai kasuwa uku ko huɗu in ga yadda cinikin ke tafiya tun daga tayi har sallamawa, in kuma na gama haɗa fim ɗin kai da Baba za ku fara kallon duk inda kuka fito kafin kowa. Ba zan ce zan cire gaskiya don ta yi ɗaci ba, amma ba zan yanke maganar mutum in ɗora fuskarsa kan laifin wani ba. Kuma har yanzu muna neman jakin gwaggo, ko idabari ne matsakaici in dai lafiyayye ne, mun ƙara kuɗin.

Na Turke:

To shi kenan, ka zo ranar Lahadi da sassafe kafin motoci su iso, ka tambayi turken jakuna za ka same ni. Kar ka zo da kamara kar ka fiddo waya, ka sa tsohuwar riga don akwai ƙura, zan ce ƙanena ne kai mai neman jakin aiki tunda gaskiya ne. Akwai wani direba da ya daina zuwa kudu tun da motarshi ta faɗi da kaya, in ya ga hankalinka zai yi maka magana amma ba ranar farko ba. Batun na gwaggo kuma akwai wata jaka da wani mutumin Baure ya ce zai kawo, ta taɓa haihuwa ɗaya, na ce mashi kar ya nuna ma masu lodi sai na gani, ka taho da igiya.